Ƙirar Fuska a Tarihin Ilmin Musulmi: Siffantawa, Ƙiyafa da Firasa

 

Abin da ya jawo wannan rubutu tambaya ce da wani ɗalibi ya yi mini bayan darasin Shama'il. Ya zo da wani ɗan littafi na Larabci, irin waɗanda ake bajewa a bakin masallaci ranar Juma'a, wanda aka kasa fuskokin mutane a cikinsa gida-gida: kewayayyiya, doguwa, mai kusurwa huɗu, mai faɗin goshi da tsinin haɓa, kowace an rataya mata halinta. A bango an buga hadisin firasar mumini, a gabatarwa kuma an kawo sunan Imam Shafi'i. So yake ya san ko zai iya auna wani da ya zo neman auren ƙanwarsa da wannan ma'auni, domin mutumin doguwar fuska gare shi, littafin kuwa bai faɗi alheri a kan masu doguwar fuska ba.

Tambayar ba ta dariya ba ce, kuma amsarta tana cikin tarihi. Malaman Musulunci sun dubi fuskar ɗan Adam da manufa uku mabambanta: su siffanta ta, su gano dangantaka daga kamanninta, ko su karanto hali daga ƙirarta. Na farko sun ƙware a kansa matuƙa. Na biyu sun karɓe shi, amma sun kewaye shi da shinge. Na uku kuwa baƙo ne da ya shigo ta ƙofar fassara, ya sami masauki a wurin likitoci da fadawa da dillalan bayi, amma malaman fiƙihu ba su taɓa ba shi mazauni a majalisar alƙali ba. Ɗan littafin nan ya cuɗa ukun ne wuri guda, ya lulluɓe su da rigar addini.

Siffantawa

Larabawa sun tara kalmomi masu yawa a kan sassan jiki, har malaman lugga irin su Asma'i da Zajjaj suka keɓe wa abin littattafai masu suna Khalƙul Insan, suna bin jikin mutum daga tsakar ka zuwa tafin ƙafa. A babin fuska akwai mukalsam, wato gajeriyar fuska kewayayyiya mai tarin tsoka. Akwai masnun da makhruɗ, masu tsawo. Akwai asil ga kunci mai tsawo da santsi wanda bai tasa ba. Akwai jahm ga fuska mai kauri da gautsi. Akwai ma'aruƙ ga wadda ƙashi ya fi tsoka bayyana a cikinta. Mai lura zai ga cewa abin da ke raba waɗannan siffofi bai wuce abu uku ba: tsawon fuska idan an gwada shi da faɗinta, yawan tsokar da ke kan ƙashi, da yadda goshi da kumatu da muƙamuƙi suka daidaita da juna.

Wannan taska ta kalmomi ta sami aikinta mafi daraja a siffanta Manzon Allah, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi. Bukhari ya ruwaito cewa an tambayi Bara'u ɗan Azib ko fuskar Annabi kamar takobi take, sai ya ce a'a, kamar wata take. Muslim ya kawo irin wannan daga Jabir ɗan Samura, wanda ya haɗa rana da wata, ya kuma bayyana cewa kewayayyiya ce. Masu sharhi sun ce takobi yana ɗauke da ma'anar ƙyalli da tsawo, wata kuwa haske da kewaya, saboda haka sahabin ya karɓi hasken ya kore tsawon. A ruwayar Sayyidina Aliyu da Tirmizi, wanda ya rasu a shekara ta 279 bayan Hijira, ya kawo a farkon Shama'il, an kore masa siffar muɗahham da ta mukalsam, sannan aka tabbatar da cewa akwai 'yar kewaya a fuskar. Abu Ubaid ya fassara wannan da cewa kewayar ba ta kai matuƙa ba, akwai ɗan tsawo da sauƙi a tare da ita, wanda shi ne ya fi daɗin kallo a wurin Larabawa. Tirmizi da kansa ya faɗa a cikin Jami'i cewa isnadin wannan ruwaya bai sadu ba, kuma doguwar siffar da aka karɓo daga Hindu ɗan Abu Hala, mai ambaton yalwar goshi da lanƙwasar gira da tudun karan hanci, ita ma malaman hadisi sun yi magana a kan isnadinta. Sai dai jigon siffar ya tabbata ta hanyoyi ingantattu. Duk wanda ya zauna zaman karatun Ashafa na Alƙali Iyal a watan azumi ya ji waɗannan siffofi ana jero su, ana fassara su ɗaya bayan ɗaya.

Me ya sa aka kiyaye su haka? Ƙauna ce da farko. Sannan akwai amfani na aiki: Ibn Hajar ya kawo a Fathul Bari cewa Ibn Sirin, idan mutum ya ce ya ga Annabi a mafarki, yakan ce ya siffanta masa wanda ya gani, idan ya kawo siffar da ba ita ba sai ya ce masa bai gan shi ba. Annabi da kansa ya siffanta annabawan da ya gani a daren Isra'i ta hanyar kamanta su da mutanen da sahabbai suka sani: Musa da mazajen Shanu'a, Isa da Urwatu ɗan Mas'ud, Ibrahim da shi kansa. Daga baya, a daular Usmaniyya ta Turkiyya, gwanin rubutun nan Hafiz Usman, wanda ya rasu a 1698 Miladiyya, ya tsara wa ruwayar Aliyu wani fasali na zayyana da ake kira hilya, ana rataye ta a gidaje a madadin hoto.

Ita kalmar hilya tana da wata rayuwa a ofisoshin gwamnati. Mawardi, a cikin Ahkamus Sulɗaniyya, ya ce idan za a shigar da sunan sojan da ba sananne ba a diwani, sai a rubuta shekarunsa da tsayinsa da launinsa da siffar fuskarsa, don kada sunaye su yi karo wani ya karɓi albashin wani. Takardun izinin tafiya da aka tono a Masar, na zamanin Banu Umayya, su ma suna ɗauke da irin wannan bayani na mai takardar. A duk waɗannan wurare fuska tana amsa tambaya guda ce: wane ne wannan?

Ƙiyafa

Mataki na biyu ya fi haɗari, domin ya shafi nasaba. Ƙiyafa ita ce gane dangantakar jini ta duban gaɓoɓi, kuma Banu Mudlij, wani reshe na Kinana, su ne suka yi fice da ita. Asalinta a Sunna hadisin Nana A'isha ne da Bukhari da Muslim suka ruwaito: Annabi ya shigo wurinta fuskarsa tana walƙiya don murna, ya ba ta labarin cewa Mujazziz Almudliji ya ga Zaidu ɗan Harisa da ɗansa Usama suna kwance, ya ce waɗannan ƙafafu sashensu daga sashe yake. Zaidu fari ne, Usama kuwa baƙi, mahaifiyarsa ita ce Ummu Aimana, kuma masu tsegumi sun daɗe suna sukar nasabarsa saboda wannan bambanci. Akwai wani abu a cikin ƙissar da ban cika jin an tsaya a kansa ba: su biyun sun lulluɓe kawunansu da mayafi, ƙafafunsu ne kawai a waje. Hujja mafi ƙarfi da masu ƙiyafa suke da ita ta zo ne a ranar da fuska take a rufe, kuma ta zo ne don ta rushe abin da masu kallon fuska da launi suke faɗa.

Shafi'i da Ahmad sun karɓi ƙiyafa a matsayin hujja idan mutum biyu suka yi jayayya a kan yaro kuma babu wata shaida. Abu Hanifa ya ƙi ta, mabiyansa suna cewa zato ce, kuma nasabar Usama ta riga ta tabbata ta hanyar aure, murnar Annabi kuwa don an toshe bakin masu suka ne da ma'aunin da su da kansu suka yarda da shi. Mashhurin mazhabar Malik ya bi tsakiya: ana aiki da ita a 'ya'yan kuyangi, kamar baiwar da iyayengiji biyu suka kusance ta a tsarki guda, ba a 'ya'yan matan aure ba, ko da yake akwai ruwaya daga Malik da ta haɗa duka biyun. A Muwaɗɗa akwai labarin Sayyidina Umar da ya kira mai ƙiyafa a kan wani yaro, mai ƙiyafar ya ce mutanen biyu sun yi tarayya a cikinsa, Umar ya kai masa bulala, sannan ya kira uwar ya tambaye ta abin da ya faru.

Abin da ya fi saɓanin muhimmanci shi ne inda suka haɗu, wato cewa kama ba ta rushe abin da shari'a ta gina. Hadisai uku ne suka kafa wannan shinge. A shekarar buɗe Makka, Sa'adu ɗan Abi Waƙƙas da Abdu ɗan Zam'a suka yi jayayya a kan ɗan wata baiwar Zam'a. Annabi ya ga kama bayyananna tsakanin yaron da Utba, ɗan'uwan Sa'adu, amma ya hukunta cewa ɗa na mai shimfiɗa ne, sannan ya umarci matarsa Sauda 'yar Zam'a ta riƙa suturta kanta daga yaron. Ya ga kamar, bai musa ta ba, ya yi aiki da ita a wajen taka-tsantsan, ya hana ta taɓa nasaba. Na biyu, wani baƙauye daga Banu Fazara ya zo yana habaici cewa matarsa ta haifi yaro baƙi. Annabi ya tambaye shi launin raƙumansa, ya ce jajaye. Ya ce ko akwai mai launin toka a cikinsu, ya ce akwai. Ya tambaye shi daga ina wannan launi ya fito, ya ce wataƙila wata jijiya ce ta kakanni ta fizgo shi. Annabi ya ce to ɗansa ma wataƙila haka ne, bai kuma ba shi izinin kore yaron ba. Na uku shi ne li'anin Hilal ɗan Umayya: Annabi ya faɗi siffofin da idan yaron ya zo da su to na wanda aka tuhuma ne, yaron ya zo da su, duk da haka ba a taɓa matar ba, domin rantsuwar da Littafin Allah ya tsara ta riga ta gudana.

Hausawa suna cewa kama da wane ba ta wane. Na sha jin magidanta, wasunsu ma masu karatu, suna raɗa cewa yaro bai ɗauko su ba, hancinsa ko hasken fatarsa na wani gida ne, kuma wannan raɗa tana iya cin aure ta bar yaro da tabo har tsufansa. Hadisin Bafazare ya yanke wannan magana tun ƙarni goma sha huɗu da suka wuce. Ko a zamaninmu da gwajin ƙwayoyin halitta ya gaji aikin Banu Mudlij, kuma ya fi su daidaito nesa ba kusa ba, majalisar fiƙihu ta Rabiɗa, a zamanta na 16 a Makka cikin shekara ta 1422, wato 2002, ta yarda a yi amfani da shi inda aka yi jayayya a kan wanda ba a san nasabarsa ba ko jarirai suka cakuɗe a asibiti, amma ta hana a kore tabbatacciyar nasaba da shi ko a gabatar da shi a kan li'ani.

Baƙon da ya zo daga Yunan

Karanto hali daga ƙirar fuska, a matsayin fanni mai littattafai da ƙa'idoji, ya shigo Larabci ne a zamanin fassara na Abbasiyawa. Hunain ɗan Ishaƙ, wanda ya rasu a 260, ya fassara wani littafi da ake jingina wa Aristo. Wanda ya fi shi tasiri shi ne littafin Aflimun, wani mai fasahar zance da ya zauna a birnin da yau ake kira Izmir a zamanin sarkin Rum Hadiriyan, a ƙarni na 2 na Miladiyya. Asalin littafin na Yunananci ya ɓata, fassarar Larabci ce ta tsira, kuma mafi cikar kwafinta yana ajiye a Laidin ta ƙasar Holan. Jahiz ya san sunan Aflimun, Ibn Nadim ya ambaci littafinsa a Fihrist. Ya kamata mai karatu ya san cewa wannan limamin masu firasa ya yi amfani da littafin nasa wajen cin mutuncin abokin hamayyarsa Faborinus, ya zana siffar jikinsa a matsayin misalin lalacewa. Tun daga tushe ke nan fannin bai kuɓuta daga son zuciya ba.

Hanyoyinsu uku ne. Ko dai a kamanta mutum da dabba, a ce wanda fuskarsa ta yi kama da ta zaki jarumi ne, mai kama da sa kuma malalaci; ko a kamanta shi da wata al'umma a ɗora masa halin da ake jingina mata; ko a dubi yadda fuska take komawa lokacin fushi ko tsoro, a ce wanda aka halitta da irin wannan yanayi to mafusaci ne ko matsoraci. Likitoci suka ƙara wa abin tushe daga ilminsu na mizaji, wato cakuɗuwar zafi da sanyi da danshi da bushewa a jiki: tun da mizaji ne yake gina gaɓoɓi, shi ne kuma yake motsa ɗabi'a, to ana iya kafa hujja da na waje a kan na ciki. Ibn Sina ya lissafa firasa cikin rassan ilmin ɗabi'a, kusa da likitanci. Abubakar Arrazi likita, wanda ya rasu a 313, ya sanya ta a maƙala ta biyu ta littafinsa Almansuri, kuma daga nan jadawalin fuskoki ya yi ta yawo daga littafi zuwa littafi. A wannan jadawali mai tsokar fuska malalaci ne jahili, mai siririyar fuska mai damuwa ne da al'amura, wanda kewayar fuskarsa ta yi yawa jahili ne, mai doguwar fuska marar kunya, mai ƙaramar fuska ƙasƙantacce mai daɗin baki, mai babbar fuska kuma malalaci. Idan aka bi jerin har ƙarshe sai a ga babu wanda ya tsira sai matsakaici a komai. Ga inda hukuncin da ya tayar wa ɗalibina hankali ya samo asali.

Fakhruddin Arrazi mai tafsiri, wanda ya rasu a 606, shi ne ya rubuta wa fannin littafi mafi tsari, wanda Yusuf Murad ya buga a Faris a 1939. Ya yi ƙoƙarin kafa masa hujja daga Alƙur'ani da Sunna da hankali. Amma da yake shi masanin usuli ne, bai ɓoye cewa alama guda zato kawai take bayarwa ba, sai alamomi sun taru sun ƙarfafi juna kafin zaton ya yi nauyi. Masu taƙaita littafinsa a bayansa sun kwashi jadawalin sun bar wannan sharaɗi.

Sai labarin Shafi'i. Ibn Abi Hatim da Baihaƙi sun kawo cewa ya tafi Yaman neman littattafan firasa, a hanyar dawowa ya sauka wurin wani mutum mai shuɗin ido, mai turarren goshi, marar gashi a haɓa, wanda a littattafan nan ita ce mafi munin siffa. Mutumin ya karrama shi da abinci da turare da shimfiɗa da harawar dabba, har Shafi'i ya kwana yana juyi yana tunanin me zai yi da littattafan da ya wahala a kansu. Da gari ya waye sai mutumin ya biyo shi da lissafin kuɗin kowane abu, har da ladan matsuwar da ya yi a gidansa. Labari ne mai daɗi, kuma ba na musun cewa Shafi'i ya sha'awanci fannin. Abin da nake cewa shi ne a buɗe Al'umm da Risala a nemo wuri guda da ya karɓi shaidar mutum ko ya mayar da ita saboda goshinsa. Mutumin da ya tsara usulul fiƙhi ya san bambancin abin hira da abin hukunci.

Su ma masu fannin suna da wani labari da suke buɗe littattafansu da shi, yana cikin Sirrul Asrar da ake jingina wa Aristo da littattafan tarihin likitoci. Almajiran Buƙrat suka zana hotonsa suka kai wa Aflimun, ya duba ya ce wannan mutum ne mai son alfasha. Suka fusata, suka koma suka faɗa wa malaminsu, ya ce gaskiya ya faɗa, sai dai shi yana mallakar ransa. Tarihi bai yarda da haɗuwar ba, domin Buƙrat ya riga Aflimun da fiye da shekara ɗari biyar, kuma asalin labarin a kan Suƙrat aka faɗe shi. Sun kawo shi ne don su ɗaukaka firasa, amma a ganina kaifinsa a kansu ya koma: idan tarbiyya da mujahada suna iya juya abin da fuska ta nuna, to mai kallon fuska bai san mutumin da ke gabansa ba.

Kasuwar bayi

Wurin da wannan ilmi ya fi yin aiki a zahiri ba wuri ne mai daɗin ambato ba. A Almansuri, babin sayen bayi yana maƙwabtaka da babin firasa. Ibn Buɗlan, likita Kirista ɗan Bagadaza a ƙarni na 5 na Hijira, ya rubuta risala sukutum a kan sayen bayi da jujjuya su, inda ya haɗa duban lafiya da firasa da jerin al'ummu, kowace da halin da ya yanka mata, kuma abin da ya faɗa a kan baƙaƙen fata abin ƙyama ne. A cikin risalar dai ya tona dabarun dillalai: yadda ake sauya launin fata, a jajanta kumatu, a ɓoye tabo, a baƙanta ido. Fuskar da mai saye yake karantawa ke nan, an riga an yi mata kwaskwarima a bayan rumfa.

Hanyar nan ta biyu, ta hukunta mutum da kamannin al'ummarsa, ita ce ta fi ɓarna, kuma ta taɓa ƙasashenmu kai tsaye. Ibn Khaldun, duk da cewa shi ma bai kuɓuta daga wasu maganganu marasa kyau a kan mutanen kudu ba, ya ƙaryata masu danganta baƙar fata da la'anar Hamu ɗan Nuhu, ya mayar da launi ga yanayin ƙasa, ya kuma soki Mas'udi a kan ɗauko maganar Jalinus cewa baƙaƙe suna da raunin ƙwaƙwalwa, ya ce magana ce marar hujja. Mutanen Tuwat sun aika wa Ahmad Baba na Tumbutu tambaya a kan bayin da ake kawowa daga ƙasashen Sudan, ya kuma amsa musu a shekara ta 1024, wato 1615. A amsarsa, Mi'irajus Su'ud, ya kafa cewa dalilin bauta a fiƙihu kafirci ne ba launi ba, ya jawo maganar Ibn Khaldun, ya lissafa Barno da Kano da Katsina da Songhai da Mali cikin ƙasashen Musulmi da bai halatta a mallaki mutanensu ba, ya kuma ce wanda ya fito daga irin waɗannan ƙasashe ya yi da'awar 'yanci, maganarsa ake karɓa. Dole ta sa ya rubuta haka, domin a kasuwannin arewacin Sahara fuska da launi sun riga sun zama shaida a kan mai su.

Abin mamaki, a cikin Shama'il ɗin da muka fara da shi akwai amsar wannan kasuwa. Zahir, wani baƙauye da Anas ya ce ba shi da kyan fuska, yana sayar da kayansa sai Annabi ya rungume shi ta baya, yana raha yana tambayar wa zai sayi wannan bawa. Zahir ya ce ai kuwa zai same shi kayan da ba ya sayuwa. Annabi ya ce masa a wurin Allah shi mai tsada ne. Bayan ƙarni ɗaya, mai ba da fatawa a Makka shi ne Aɗa'u ɗan Abi Rabah, wanda masu tarihi suka siffanta da baƙi, mai shimfiɗaɗɗen hanci, mai ido ɗaya, gurgu.

Kalma ɗaya, ma'ana biyu

Saura tambaya: yaya fannin Aflimun ya sami rigar addini? Ta hanyar suna. Masu fassara sun zaɓa masa kalmar firasa, wadda take da gida tun da farko a harshen Musulmi. Mujahid ya fassara mutawassimin na aya ta 75 a Suratul Hijr da masu firasa. Hadisin da ke gargaɗi a kan firasar mumini Tirmizi ya ruwaito shi ya ce garibi ne, Ibn Jauzi ya sanya shi cikin ƙagaggu, wasu kuma suka kyautata shi saboda yawan hanyoyinsa. Ko da an ɗauka ya inganta, maganarsa a kan haske ne da Allah Yake jefawa a zuciyar mai kallo, babu ruwansa da tsawon haɓar wanda ake kallo. Haka alamar fuska da aka ambata a ƙarshen Suratul Fathi: Mujahid ya ce ƙanƙan da kai ne, da aka ce masa ko tabon goshi ne, ya ce sau da yawa tabon yana goshin wanda zuciyarsa ta fi ta kowa ƙeƙashewa. Abdullahi ɗan Salam ya ce da ya dubi fuskar Annabi a Madina ya gane ba fuskar maƙaryaci ba ce. Wannan shi ne abin da Bahaushe yake nufi da labarin zuciya a tambayi fuska: abin da ke gudana a kan fuska na natsuwa ko firgici ko kunya, wanda aikin mutum ne yake haifar da shi. Ƙashin da aka haife shi da shi wani abu ne dabam. Suratul Munafiƙun ma ta yi gargaɗi ta ɗaya ɓangaren, cewa akwai waɗanda jikunansu suke burge mai kallo alhali ciki fanko ne.

Ibn Ƙayyim, wanda ya rasu a 751, shi ne ya warware kalmar a Madarijus Salikin. Ya kasa firasa uku: ta imani, ta horon rai da yunwa da rashin barci, da ta halitta wadda likitoci suka tsamo. Ya ce ta horon rai mumini da kafiri duk suna iya samunta, ba ta nuna imani ko walittaka. Shi ne kuma, a Ɗuruƙul Hukmiyya, ya fi kowa kare haƙƙin alƙali na lura da alamomi, amma misalansa su ne rigar Annabi Yusuf da aka yage ta baya da hukuncin Annabi Sulaiman tsakanin mata biyu, wato alamomin da ke cikin abin da ya faru.

Malikawa sun fi haka tsanani. Alƙali Abubakar Ibnul Arabi, wanda ya rasu a 543, ya faɗa a Ahkamul Ƙur'an, a ƙarƙashin ayar Hijr ɗin nan, cewa ba a gina hukunci a kan firasa. Ya ba da labarin wani babban alƙali a Bagadaza a zamaninsa da yake hukunci da ita, yana bin sawun Iyas ɗan Mu'awiya alƙalin Basra, har malaminsa Abubakar Asshashi ya rubuta ɗan littafi na raddi a kansa. Dalilinsa shi ne hanyoyin tabbatar da hukunci sanannu ne a shari'a, firasa kuwa ba ta cikinsu. Ibn Farhun ya ɗauko wannan matsayi a Tabsiratul Hukkam, littafin da alƙalanmu suka daɗe suna komawa gare shi. To idan an hana alƙali salihi aiki da abin da ya ɗarsu a zuciyarsa, ina ga jadawalin Aflimun?

Turai ta bi wannan hanya har ƙarshenta. A 1876 likitan Italiya Lomburoso ya wallafa cewa ana gane mai laifi tun daga haihuwa ta girman muƙamuƙi da tudun ƙashin kunci da zamewar goshi. A 1913 Charles Goring ya fitar da sakamakon awon fursunonin Ingila kimanin 3,000, ya gwada su da waɗanda ba fursunoni ba, bai sami wata ƙira ta masu laifi ba. Kafin wannan sakamako ya fito, Jurji Zaidan ya riga ya buga Ilmul Firasatil Hadis a Alƙahira a 1901, inda ya zubo firasar Turawa da zane-zanenta cikin Larabci. Fuska mai kusurwa huɗu da mai kusurwa uku da ke cikin ɗan littafin ɗalibina ba ta cikin Shama'il, ba ta cikin littattafan fiƙihu. Da irin waɗannan littattafai na baya-bayan nan ta fi kama.

Abin da na ba shi a madadin littafin labari ne da Baihaƙi ya kawo. Wani ya zo gaban Sayyidina Umar zai tsarkake wani mai ba da shaida, ya ce ya san shi. Umar ya tambaye shi ko shi maƙwabcinsa ne na kusa da ya san darensa da ranarsa, ya ce a'a. Ko ya taɓa hulɗar dinari da dirhami da shi, ya ce a'a. Ko sun taɓa tafiya tare, ya ce a'a. Umar ya ce to bai san shi ba. Na ce wa ɗalibin ya nemo mutum uku irin waɗannan a unguwar manemin, ya ji ta bakinsu kafin magabata su sa rana.